Tabbatar da wasiyya a rikicin gado: tambayoyi da amsoshi

Sau da yawa tun ba a yi sadakar bakwai ba maganar take tasowa. Wani ya zaro takarda ya ce marigayi ya bar wasiyya, ko wata ta ce a gabanta ya faɗa a gadon asibiti, sai gida ya rabu biyu: masu cewa a cika wa mamaci burinsa, da masu cewa ƙirƙira aka yi. Amsoshin nan sun bi mazhabar Malikiyya, wadda kotunan shari'a na arewacin Najeriya suke hukunci da ita, tare da dokar ƙasa a inda ta shigo. Ba su ɗauke wa kowa zuwa wurin malamin gado ko lauyan da zai ga takardu da idonsa ba, amma za su nuna wa mutum abin da alƙali zai tambaye shi.

Mun samu takarda da rubutun hannun mahaifinmu a cikin akwatinsa. Ba ta isa hujja ba?

Ita kaɗai ba ta isa ba, kuma wannan ne abin da ya fi ba mutane mamaki. A ce an buɗe akwatin ƙarfen da ke ƙarƙashin gadonsa, aka tarar da takardun gida, da rasit na haraji, da wata 'yar takarda a linke cikin gafaka, an rubuta da ajami: "Gonata ta bakin rafi a bai wa wane bayan raina." Kowa a gidan ya san hannun Malam ne, har yadda yake jan wutsiyar harafi an gane. Duk da haka Muhtasar na Shehu Halil, littafin da alƙalanmu suke komawa gare shi, ya ce ko an tabbatar rubutunsa ne, in dai bai kafa shaidu a kai ba, bai kuma ce a zartar ba, to ba a zartarwa.

Dalilin yana da ƙarfi idan aka natsu. Mutum yakan rubuta abu yana cikin tunani, bai yanke ba. Yakan rubuta yau cikin fushi da 'ya'yansa, gobe ya huce ya manta da takardar. Wasiyya kuwa abu ce da mai ita yake da ikon janyewa har ya koma ga Allah. Rubutun ya nuna ya taɓa tunanin haka, amma bai nuna a kan haka ya rasu ba. Abin da yake nuna ƙudurinsa shi ne ya kira mutane ya ce musu, "Ku shaida, abin da ke cikin takardar nan wasiyyata ce." In ya faɗi haka, ko bai karanta musu ba, ko takardar a rufe take, ko a hannunsa ta zauna har ya rasu, suna iya ba da shaida a zartar. Haka ma idan ya rubuta a ciki, ko ya faɗa wa mutane, cewa a zartar da ita bayan ransa.

Saboda haka kafin ku nufi kotu, ku fara tambaya a unguwa: wa Malam ya nuna wa takardar? Liman, aminin da suke zama a zaure bayan la'asar, mai unguwa? Shari'ar tana wurin waɗannan mutanen.

Wa aka ɗora wa kawo hujja, mai cewa akwai wasiyya ko mai musu?

Mai cewa akwai. Ƙa'idar ita ce hujja tana kan mai da'awa, rantsuwa tana kan wanda ya musa. Da zarar mutum ya cika, dukiyarsa ta koma hannun magada bisa rabon da Allah ya yi a Suratun Nisa'i, aya ta 11 da ta 12 da ta 176. Duk mai son a cire wani abu daga ciki, shi zai kawo dalili. Idan ya kasa, magada sukan rantse cewa ba su san da wata wasiyya ba, magana ta ƙare.

Amma idan shaidu sun tabbatar da wasiyyar, sannan magada suka ce ai ya janye ta kafin ya rasu, nauyin ya juyo kansu, domin yanzu su ne masu da'awa.

Shaidu nawa ake bukata, kuma wa ake karɓa?

Mafi ƙarfi maza biyu adilai. Tunda wasiyyar dukiya magana ce ta kuɗi da kadara, ana karɓar namiji ɗaya da mata biyu. Malikiyya ta ƙara buɗe wata ƙofa: shaida ɗaya adili, sannan wanda aka yi wa wasiyyar ya rantse, ko mata biyu tare da rantsuwarsa. Risala ta Ibn Abi Zaid ta kawo wannan a fili, asalinsa kuma hadisin Ibn Abbas ne da ke cikin Muslim, cewa Annabi (SAW) ya yi hukunci da shaida ɗaya da rantsuwa.

Yawan shaidu ba shi ne magana ba, ingancinsu ake dubawa. Wanda zai amfana ba ya shaidar kansa. Uba ba ya yi wa ɗansa shaida, ɗa ba ya yi wa ubansa, haka miji da mata. Wanda ke da sananniyar gaba da magada ba a karɓar shaidarsa a kansu. Idan alƙali bai san shaidu ba yakan nemi a yi musu tazkiyya, wato wasu amintattu su tabbatar mutanen kirki ne. Sannan za a ba ɗaya ɓangaren dama su soki shaidar idan suna da abin suka. Kafin a yanke hukunci kuma akwai i'izari, inda alƙali zai tambayi wanda hukunci zai hau kansa ko yana da sauran magana ko hujja. Kada a ɗauki wannan tambaya da wasa, domin tsallake ta yana cikin abubuwan da ake rushe hukunci a kansu idan an ɗaukaka ƙara.

Abin da na fi ganin yana kayar da mai gaskiya shi ne shaidu su saɓa wa juna. Ɗaya ya ce gonar bakin rafi, ɗaya ya ce ta bayan gari. Ɗaya ya ce da azumi aka yi, ɗaya ya ce bayan babbar salla. Ba sai an koya wa shaida abin da zai faɗa ba, hakan ma haramun ne, amma a gaya masa ya faɗi abin da ya ji da kunnensa kawai, ya bar abin da aka ba shi labari.

Bai rubuta komai ba, da baki ya faɗa. Tana nan?

Tana nan. A shari'ar Musulunci rubutu ba sharaɗin ingancin wasiyya ba ne, ko da ishara ce da aka fahimta daga wanda ba ya iya magana tana ƙulluwa. Wasiyyar baki mai shaidu biyu adilai ta fi takarda mai hatimi wadda babu wanda ya shaida ta. Wahalarta ɗaya ce: shaidu suna mutuwa, suna mantuwa, suna ƙaura. Wanda yake da irin wannan haƙƙi kada ya jira shekaru.

Rikici a kan shaidun wasiyya ba yau ya fara ba. Buhari ya ruwaito labarin wani mutumin Banu Sahm da ya yi tafiya tare da Tamimud Dari da Adiyyu bin Badda, ya rasu a ƙasar da babu Musulmi. Da suka kawo kayansa sai aka nemi wani kofin azurfa mai adon zinariya aka rasa, daga baya aka gan shi a Makka, waɗanda yake hannunsu suka ce daga wurin mutanen biyu suka saya. A kan wannan ne ayoyin Suratul Ma'ida daga 106 zuwa 108 suka sauka.

Mun yarda ya faɗa, amma ba ya cikin hayyacinsa. Yaya za mu nuna haka?

Rashin lafiya daban, gushewar hankali daban. Galibin wasiyyoyi ma a kan gadon jinya ake yinsu, kuma ingantattu ne. Malikiyya ta karɓi wasiyyar duk mai wayon da ya san abin da yake yi, har yaron da bai balaga ba idan yana da wayo, har wanda aka hana shi taɓa dukiyarsa saboda almubazzaranci. Tsufa kaɗai ba ya ɓata wasiyya.

Abin da za ku nuna shi ne halinsa a daidai lokacin da ya yi maganar. Yana gane mutane? Yana kiran 'ya'yansa da sunayensu ko yana kiran waɗanda suka daɗe da rasuwa? Maganarsa tana bin juna ko sambatu yake? Ya san abin da ya mallaka, ko yana ba da gonar da ya sayar shekara goma da suka wuce? Masu jinyarsa su ne shaidu na farko a nan. Sai katin asibiti da bayanin likitan da ya duba shi, musamman idan a ranar an yi masa allurar da ke sa barci ko yana cikin suma. Ku nemi kotu ta buƙaci fayil ɗinsa daga asibiti, kada ku dogara da "ai kowa ya san ya ruɗe".

A kula da waɗanda hankalinsu yake zuwa yana tafiya. Idan shaidu sun tabbatar a lokacin da ya farfaɗo ya yi wasiyyar, tana nan daram.

An tabbatar da ita, amma ta cinye rabin dukiya. Haka za a bayar?

A'a. Iyakar wasiyya sulusi ce, kashi ɗaya cikin uku. Sa'ad bin Abi Waƙƙas ya yi ciwo mai tsanani a Makka, a lokacin 'ya ɗaya gare shi, ya nemi ya ba da kashi biyu cikin uku na dukiyarsa, Annabi (SAW) ya hana. Ya ce rabi, ya hana. Ya ce sulusi, aka yarje masa, aka kuma ce sulusin ma da yawa, domin barin magada cikin wadata ya fi barinsu suna roƙon mutane.

Ba daga ɗanyar dukiya ake lissafin ba. Ana fara cire kuɗin likkafani da binnewa, sai bashi, sannan wasiyya, sannan gado. A ce an ƙiyasta duk abin da marigayi ya bari ya kai naira miliyan 20, hidimar jana'iza da basussuka suka ci miliyan 2. Saura 18, sulusi ya zama miliyan 6. Idan ya yi wasiyya da gida mai darajar miliyan 9 ga wani almajirinsa, almajirin yana da haƙƙin miliyan 6 a cikin gidan, miliyan 3 da ta hau kai kuwa sai magada sun yarda. Kuma da darajar ranar zartarwa ake aiki, ba ta ranar da aka yi wasiyyar ba. A zamanin da farashin fili yake ninkawa cikin 'yan shekaru, wannan ba ƙaramar magana ba ce, don haka a samu masu ƙiyasi da ɓangarorin biyu suka amince da su.

Baba ya yi wa ƙaninmu wasiyya da shago, da shaidu da komai. Za ta zauna?

Ko shaidu goma ne ba za ta zauna da kanta ba. A hadisin Abu Umama, wanda Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito, Annabi (SAW) ya ce Allah ya ba kowane mai haƙƙi haƙƙinsa, babu wasiyya ga magaji. Nan ne gidajen da ke da ɗaki biyu ko uku suke yawan kamawa da wuta: an rubuta wa amarya gida, ko an fifita 'yan ɗaki ɗaya.

Hanya ɗaya ce: sauran magada su yarda. Idan sun yarda, a Malikiyya abin ya zama kyauta daga gare su, ba wasiyyar mamaci ba. Wanda ya yarda, daga kasonsa kaɗai za a cire. Wanda ya ƙi, ba a taɓa nasa. Maraya ƙarami ba shi da yarda, kuma wanda yake riƙonsa ba shi da ikon yafe haƙƙinsa a madadinsa. Ina roƙon manyan gida su ji wannan da kyau, domin sau da yawa da sunan "a rufa wa gida asiri" ake cinye rabon yaran da ba su iya magana ba.

Akwai kuma yardar da aka bayar tun mahaifi yana raye. Idan yana cikin ƙoshin lafiya aka ce masa "mun yarda", wannan ba ta ɗaure kowa bayan rasuwarsa. Idan a ciwon ajali ne, tana ɗaure magaji, sai dai in yana da uzuri, kamar matar da take ƙarƙashin ciyarwarsa ko ɗan da yake cin abinci a hannunsa, waɗanda nauyi da tsoro za su hana su cewa a'a.

Ana kuma duba wane ne magaji a ranar rasuwa, ba ranar wasiyya ba. Wanda ya yi wa ɗan'uwansa wasiyya ba shi da ɗa, daga baya aka haifa masa ɗa namiji, ɗan'uwan ya fita daga magada, wasiyyarsa ta inganta.

Ƙaninmu ya ce ba wasiyya ba ce, kyauta aka yi masa tun Baba yana da rai. Akwai bambanci?

Babba kuwa, kuma wannan ita ce mafakar da ake gudu gare ta idan wasiyya ta faɗi. Kyautar mai lafiya ba ta da iyakar sulusi, ana kuma iya yi wa magaji. Amma ba ta cika sai wanda aka ba ya karɓa ya riƙe kafin mai bayarwa ya rasu ko ciwon ajali ya kama shi. Imam Malik ya kawo a Muwaɗɗa cewa Sayyidina Abubakar ya ba Nana A'isha dabino wasƙi ashirin (wasƙi wani babban ma'auni ne) daga gonarsa ta Gaba, ba ta kai ga girbewa ba ajali ya zo masa, sai ya ce mata da ta girbe ta riƙe da ya zama nata, amma yau dukiyar magada ce.

Don haka alƙali zai tambaya: wa yake karɓar kuɗin hayar shagon? Wa yake noma gonar? Makulli yana hannun wa? Uba yana iya riƙe wa ƙaramin ɗansa kyauta idan ya kafa shaidu, amma ban da gidan da shi kansa yake zaune a ciki har ya rasu. Kyautar da aka yi a ciwon ajali kuwa hukuncin wasiyya take ɗauka.

Takardu biyu suka fito, kowace da shaidunta. Ta ƙarshe ce ke aiki?

Ba kullum ba. Idan ta biyun ta ce ta soke ta farko, shi ke nan. Idan ba ta ce ba, kuma abubuwa daban-daban suka ambata, dukkansu ana zartarwa cikin sulusi. Idan abu ɗaya ya yi wa mutum biyu wasiyya da shi, ɗaya bayan ɗaya, tarayya za su yi. Idan kuwa ya sayar da abin ko ya kyautar da shi kafin ya rasu, aikinsa ya janye wasiyyar ko bai furta ba.

Muna da muryarsa a WhatsApp. Za a karɓa?

Ku adana wayar da saƙon ya fara shiga, kada ku yanke komai daga ciki, kada ku dogara da wanda aka tuttura. Murya ko bidiyo suna ƙarfafa magana, musamman wajen nuna yana cikin hankalinsa, amma ku nemo mutanen da suke wurin lokacin da aka ɗauka, domin ɗaya ɓangaren zai ce an haɗa ne ko an tilasta shi. A Babbar Kotun Jiha, sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 ya gindaya sharuɗɗan karɓar abin da ya fito daga na'ura.

Wace kotu za mu je? Kuma idan lauya ne ya rubuta masa irin ta Turawa fa?

Gadon Musulmi a kotun shari'a ake fara shi, ko kotun yanki a jihohin da suke da ita. Wanda bai gamsu ba yana da hanyar ɗaukaka ƙara har Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta jiha, wadda sashe na 277 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta hurumi a kan waƙafi da kyauta da wasiyya da gado idan mai dukiyar Musulmi ne. Daga nan sai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya, sai Kotun Ƙoli. Ɗaukaka ƙara tana da wa'adi, a tambayi rajistara ranar da aka yanke hukunci, kada a bari sai an huce.

Wasiyyar lauya tana bin tsarin dokar wasiyya ta Ingila ta 1837 ko dokar jiha da ta gaje ta: dole a rubuce, mai ita ya sa hannu a gaban shaidu biyu da suke tare a lokaci guda, su ma su sa hannu a gabansa. Shaidan da aka rubuta masa wani abu a ciki, ko aka rubuta wa matarsa, ya rasa abin. A sashen wasiyya na Babbar Kotu ake tabbatar da ita, mai ja kuma yana shigar da takardar dakatarwa kafin a ba da izinin zartarwa.

Tambayar da ta daɗe ana muhawara a kanta ita ce ko Musulmi zai iya bin wannan hanya ya tsallake sulusi. A 1971, a shari'ar Adesubokan da Yinusa, Kotun Ƙoli ta ce wasiyyar da Musulmi ya yi a ƙarƙashin dokar 1837 tana aiki ko ta saɓa wa Malikiyya. Hukuncin bai yi wa Musulmi daɗi ba, daga baya wasu jihohi, ciki har da Kaduna da Kwara, suka sa a dokokinsu cewa wannan 'yanci bai shafi wanda shari'ar Musulunci take hawa kansa ba. A 2007, a shari'ar Ajibaiye, Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Ilori ta dogara da dokar Kwara ta ƙi amincewa da wasiyyar wani Musulmi da ta saɓa wa rabon shari'a. Ke nan amsar tana rataye da dokar jiharku, kuma nan ne wurin da lauya ya zama dole.

Mahaifinmu ya riga kakanmu rasuwa. Kaka ya ce a ba mu kason babanmu. Muna da shi?

Idan kakan ya bar ɗa namiji a raye, baffanninku sun kange ku daga gado. Masar ta yi doka a 1946 da ta wajabta wa irin waɗannan jikoki wasiyya ko kaka bai yi ba, amma Malikiyyar da ake bi a nan ba ta da wannan. Sai dai kangewar ce take buɗe muku ƙofa: tunda ba magada ba ne ku, wasiyya gare ku halal ce har zuwa sulusi. Idan akwai waɗanda suka ji kaka ya ce a ba ku, ku kawo su. Haka agola, da ɗan riƙo, da yaron gida da ya yi shekaru yana hidima, duk wasiyya ce kaɗai hanyarsu.

Ga baffanni kuma: idan kun ji da kunnenku, kun sani, to aya ta 181 a Suratul Baƙara da ku take, inda Allah ya ɗora zunubin canza wasiyya a kan wanda ya canza ta bayan ya ji. Rashin shaidu a kotu ba ya halatta muku abin da kuka san an bar wa marayu.

Ina da rai da lafiya. Me zan yi don kada a yi wannan rigima a bayana?

Hadisin Ibn Umar da ke Buhari da Muslim ya ce bai kamata Musulmin da yake da abin yin wasiyya ya kwana biyu ba sai wasiyyarsa tana rubuce a wurinsa. Ka rubuta yanzu, da harshen da kake ji, boko ko ajami, ka sa kwanan wata. Ka fara da basussukan da ake binka da waɗanda kake bi, da ajiyar mutane da ke hannunka. Ka faɗi kadara da iyakokinta, gabas wa, yamma wa, ba "gonata" kawai ba idan gonakinka uku. Ka rubuta a fili cewa a zartar da wannan bayan ranka, kuma ta soke duk wadda ta gabace ta.

Sannan ka kira mutum biyu adilai waɗanda ba su da ko sisi a ciki, ba 'yan'uwan wanda ka yi wa ba na jini, zai fi kyau waɗanda ka girma. Ka ce musu su shaida, su sa hannu. In yatsa kake dangwalawa, a karanta maka a gabansu, a rubuta cewa an karanta ka ji ka yarda. Ka ajiye kofi ɗaya, ka ba wasiyyinka (wanda ka ɗora wa zartar da wasiyyar) ɗaya, ɗaya kuma wurin liman ko lauya. Idan ɗaya daga cikin shaidun ya riga ka rasuwa, ka kira wani ya maye gurbinsa a cikin makon nan.